Littafin Matar Yaya

Shekara ashirin da huɗu Malama ta yi tana koyar da Turanci a makarantar 'yan mata guda, kuma duk tsawon shekarun nan ba a taɓa samun ɗalibar da ta ɗaga hannu ta ce mata ta yi kuskure ba. Ba wai ba ta yi ba ne. Tana yi, sai dai ita take riga kowa kama kanta, ta goge allo, ta ce su ma su goge a littafinsu. Sai wata ranar Talata, saura mako bakwai 'yan ajin ƙarshe su shiga jarrabawar fita, monitar ajin ta ɗaga hannu.

Yarinya ce mai natsuwa, ba ta da rawar kai, shi ya sa Malama ta ajiye alli ta saurare ta. Ta ce a aikin da aka dawo musu da shi an soke mata "borrow me your ruler" da jan biro, alhali littafi ya ce haka ne daidai.

Wannan kuskuren Malama ta san shi kamar yadda ta san hanyar gidanta. Mu a Hausa kalma ɗaya ce take mana aiki biyu: ara mini, na ara, duk aro ne. Turanci kuwa ya raba su. Mai bayarwa "lend" yake yi, mai karɓa shi ne yake "borrow". Kowace shekara sai ta yi wannan bayani, kowace shekara kuma sai sababbin yara sun zo da kuskuren a bakinsu kamar da shi aka haife su. Don haka ba ta ji komai ba, ta ce a miƙo littafin ta gani.

Monita ta zaro wani littafi mai koren bango, sabo fil, har yana warin tawada. Ta ce wata 'yar baffanta ce ta ba ta, a makarantarsu aka raba musu daga ofishin ilimi, aka ce duk mai jarrabawa ya riƙe shi da kyau.

Malama ta buɗe inda yarinyar ta lanƙwasa. Shafin an raba shi gida biyu, hagu an rubuta Kuskure, dama an rubuta Daidai. Yarinyar ba ta yi ƙarya ba. Gurɓatacciyar jimlar tana zaune daram a ƙarƙashin Daidai, mai kyan kuma an jefa ta ƙarƙashin Kuskure. Ta sauke ido ƙasa. "Furnitures" daidai ne. "Informations" daidai ne. "I hear the smell", wato Hausar na ji wari da aka kwasa ɗanya aka zuba a Turanci, ita ma daidai ce. Ta ƙirga shafukan da yatsa, goma sha ɗaya cif, duk a kife.

Ta koma baya don ta ga wane ja'iri ne ya yi wannan aika-aika, sai idonta ya faɗa kan wani bayani a babi na biyu, na bambancin "since" da "for". Ta karanta layi ɗaya ta tsaya. Maganarta ce. Ba kama suka yi ba, tata ce, kalma bayan kalma, har da misalin matar da take jiran mota tun ƙarfe bakwai, wanda ta ƙirƙira wata rana da ita kanta ta makara. Ta rufe littafin ta dubi bangon. Sunan ƙanin mijinta ne, da manyan baƙaƙe, da Dakta a gabansa. A bangon baya ga hotonsa ya tallafe haɓa da hannu kamar mai zurfin tunani.

Ta ce wa monita makinta yana nan yadda aka ba ta, littafin ne ya yi kuskure, kuma za ta riƙe shi zuwa gobe. Ta sa su karatu shiru, ta zauna a kujerarta, abin da ba ta saba yi ba in tana cikin aji.

Tun shekararta ta farko a aiki Malama take da wata ɗabi'a. Duk tambayar da yaro ya yi mata a kan Turanci, in ta koma gida sai ta rubuta ta, ta rubuta amsar da Hausa yadda za ta shiga kan ɗan Bahaushe. Yaushe ake cewa "been", yaushe ake cewa "being". Me ya sa ba a ƙirga "advice". Wasu amsoshin sau uku tana sake su kafin ta samu wadda yara suke ganewa. A haka ta cika manyan littattafan rubutu guda tara.

Shi kuwa ƙanin mijin nata, a gida Auta ake ce masa. Yana ɗan shekara goma mahaifinsu ya rasu, yayansa ya ɗauko shi, kuma a hannunta ya tashi. Ita ta riƙa wanke masa kayan makaranta, ita ta riƙa zaunar da shi a bakin ƙofar kicin tana girki tana ja masa karatu. Ya girma da baki, ya iya shiga mutane, ya yi ta hawa har ya zama mataimakin darakta a ofishin ilimi. A waje Dakta ne, a gida kuwa in ya shigo sai ya buɗe tukunyarta ya ce matar yaya ta rage gishiri don ta ga ya zo.

Shekara biyu da suka wuce rufin ɗaki ya yi yoyo, littattafai biyu suka jiƙe. Auta ya tarar da ita tana shanya su a tsakar gida. Ya ce wannan dukiya ba ta takarda ba ce, ta ba shi ya sa a buga mata a kwamfuta a ofis, ta huta. Ta zuba duka taran a jaka ta miƙa masa, har da godiya. Daga nan kullum da labarin da za ta ji. Mai bugawar ta haihu. Kwamfutar ta lalace. An kusa.

Tana zaune a ajin ta gano yadda aka yi shafukan suka kife. A littafi na shida ba ta sa wa layukan kanu ba. Jimla mai kyau ta rubuta ta da ja, ta sa ta farko, don a shekarar tana ganin gara idon yaro ya fara sauka a kan daidai. Mara kyau kuma da shuɗi a gefe. In aka ɗauki hoton shafin a injin ofis, baƙi da fari zai fito, ja da shuɗi su zama ɗaya. Mai bugawa ta bi tsarin sauran littattafan, ta ɗauka na farko shi ne kuskure. Wannan duk mai yiwuwa ne. Abin da ya fi ɓata wa Malama rai shi ne, wanda ya ɗora sunansa a kai ko karantawa bai yi ba.

Maigidanta gyaran keken ɗinki yake yi, shagonsa a jikin gidan yake. Ta same shi ya kwance kan wani keke, hannunsa duk mai, ya jera ƙananan kusoshi a murfin gwangwani. Ta ajiye littafin a kan teburin da ƙarfi har kusoshin suka yi tsalle. Shi Turancinsa bai wuce na karanta lambar kaya ba, amma ya ga hoton ya ga sunan. Fuskarsa ta washe, ya ce ashe Auta har littafi ya yi.

Wannan murmushin ne ya kunce mata baki. Ta faɗa masa komai a tsaye, jakarta a kafaɗa. Ya saurara har ta gama, ya goge hannu da tsumma ya fi sau uku, sannan ya ce ta yi haƙuri, wataƙila akwai bayani, bari ya kira shi. Ya kira sau biyu ba a ɗaga ba. Na uku aka turo saƙo cewa ana mitin.

Washegari ta nemi izinin awa biyu ta tafi ofishin da kanta. Aka zaunar da ita a benci a baranda kusan awa guda. Daga inda take tana hango kwalaye jere a jikin bango, an ɗaure su da igiya, kowanne an rubuta sunan makaranta a kai.

Da aka shigar da ita ya taso daga bayan tebur da hannu a buɗe, yana cewa yau matar yaya ce da kanta a ofis, lallai za a yi ruwa. Ba ta zauna ba. Ta mayar da ƙofa ta rufe.

"Ina littattafaina?"

Ya ce ta zauna mana su yi magana. Ya ce dama yana shirin zuwa gida ya yi mata albishir, abubuwa ne suka yi masa yawa. Ya ce ta duba da idon basira: wa zai karɓi littafi daga malamar aji wadda ko digiri ba ta da shi? Da sunanta ne a kai, da yanzu yana cikin durowar wani yana shan ƙura. Sunansa ne ya buɗe ƙofa, har darakta ya rubuta gabatarwa, har aka amince a raba a makarantu talatin da biyu. Shi kuma ana neman ya nuna wallafa kafin a ƙara masa girma. In ya hau, ai gida ne ya hau. Kuma bai manta da ita ba, ta duba shafin godiya, ya gode wa iyalinsa baki ɗaya.

Ta buɗe littafin a shafin da ya kife ta tura masa, ta ce ya karanta. Ta tsaya tana kallon idonsa yana bin layi. Na farko ya wuce. Na biyu ya wuce. Na uku ma ya wuce yana gyaɗa kai. Sai a na huɗu ya tsaya, ya koma sama, fuskarsa ta sauya.

Ya ce laifin mai bugawa ne. Ya ce za a gyara a bugu na biyu, baɗi. Ya rage murya ya ce mutum nawa ne ma za su lura, ita ce dai da idonta na mikiya.

"Saura mako bakwai jarrabawa," in ji ta. "Yara suna haddace wannan yanzu haka da muke magana. Ka rubuta wa makarantun nan takarda ka ce shafi goma sha ɗaya a kife suke. Maganar sunana mu yi ta daga baya."

Ya ce ba zai yiwu ba yanzu. Kwamitin ƙarin girma wata mai zuwa zai zauna, in takarda irin wannan ta fita an gama da shi, kuma darakta ba zai yafe masa ba tunda da hannunsa a ciki. Ya ce ta bari a wuce wannan gaɓar. Ta ce ta ba shi zuwa Litinin. Sai ya koma kujerarsa ya zauna, ya haɗa yatsu, ya yi magana da wata murya da ba ta taɓa jin ta a bakinsa ba.

"Anti, ki dai tuna a ƙarƙashin ofishin nan kike aiki."

Ta ɗauki littafin ta sa a jaka.

"Ni na koya maka rubuta sunan nan da ka ɗora a kai. Harafin farko ma a juye kake yin sa, sai da na riƙe hannunka."

Ta fita ta bar masa ƙofar a buɗe.

Ranar Asabar da la'asar surukarta ta aiko kiran su ita da maigidan. Iya ta tsufa, tana zaune a gidan da Auta ya gyara mata, kuma tun kafin su zauna Malama ta san an riga ta zuwa. Ta durƙusa ta gaishe ta, ta zauna a gefen tabarma kanta a ƙasa.

Iya ta ce ta ji wai ana neman tona wa ɗanta asiri a kan takarda. Ta ce abin da ke cikin gida na gida ne, abin matar wa na ƙane ne, tun da can haka aka tarar. Yaron nan ita ta rene shi, kowa ya shaida, to yanzu da ya zama mutum ita ce za ta ja ƙafarsa? Kuma a kan me? A kan yaren da ba na uwar kowa ba ne a ɗakin nan. In an rubuta kujeru a Turance da wutsiyar harafi ko babu wutsiya, wa ya mutu?

Malama ta ce, da ladabi, yaran mutane ne za su faɗi jarrabawa, Iya. Iya ta ce yaran mutane suna da iyayensu, ita nata take magana. Ta juya ga babban ɗanta ta ce ya ja wa matarsa kunne. Shi kuwa ya zuba wa tabarma ido, ya ce to, Iya, za a duba.

Za a duba. Wannan kalmar ta fi duk abin da aka faɗa a ɗakin ƙona mata rai. Da suka fito ya tayar da babur ya jira ta hau, ta wuce shi kamar ba ta gan shi ba. Ya bi ta a hankali a gefen titi yana kiran ta, ta ce ya tafi ya duba abin da zai duba. A ƙafa ta isa gida, takalmin ya yi mata kanta a dunduniya, ba ta ji ba sai da ta cire.

Litinin ta zo ta wuce, babu takarda, babu waya. Ta shiga wurin shugabar makarantarsu ta nuna mata shafukan. Shugaba ta dafe kai, ta ce nasu kwalayen suna sito, za ta bar su a kulle ta ce mabuɗin ya ɓata, amma kar a sa ta cikin rigimar ofis, saura shekara biyu ta yi ritaya.

Da aka tashi Malama ta zauna a ɗakin malamai ita kaɗai ta rubuta gyaran da hannunta, jimla ɗari da goma sha huɗu, kowacce ta mayar da ita gidanta. A sama ta rubuta cewa shafi kaza zuwa kaza na koren littafi a kife suke, ga yadda ya kamata. Nan ta daɗe da biro a hannu. Don yara kawai, wannan ya isa. Amma ta san ba don yara kawai take yi ba, kuma ba ta ga dalilin yi wa kanta ƙarya ba. Tana so ya ji zafi kamar yadda ta ji. Ta ƙara layi ɗaya: ta san haka ne domin ita ta rubuta asalin littafin cikin shekara ashirin da biyu. Ta sa sunanta da na makarantarta, ta kai shagon kwamfuta aka buga, aka yi mata kwafi tuli guda.

Ranar Talata da ta dawo daga makaranta ta tarar shagon maigidan a rufe da rana tsaka, shi kuma yana ƙofar gida yana duba iskar tayar babur. Kwana uku ke nan ba ta ce masa komai ba bayan gaisuwa da ga abinci. Bai ɗago ba ya ce, "Makarantu nawa kika ce?"

Sai daga baya ta ji abin da ya faru, a bakin matar Auta. Ashe ranar Litinin da yamma ya je gidan ƙanin nasa don ya roƙe shi ya rubuta takardar. Auta ya fito ya same shi a bakin get, bai ce ya shigo ba, ya ce masa wannan harkar ilimi ce, Yaya, ba fanninka ba ne, ka bar wa waɗanda suka sani. Mutumin da ya sayar da keken ɗinkinsa na farko don a sa yaron a sakandare. Bai taɓa ba ta wannan labarin da bakinsa ba, ita ma ba ta taɓa nuna ta sani ba.

Suka shiga zagaye. Kullum in ta tashi ƙarfe biyu yana bakin get, ta hau baya da jakar takardu a cinya, su nufi makarantar da take da darasin yamma. Ta karɓi kwana huɗu na hutun da ta daɗe ba ta taɓa ba, suka yi na nesa. Wani wurin aka karɓe ta hannu biyu, don malaman Turanci da yawa a yankin ta hannunta suka bi. Wata da ta koyar shekara goma sha biyar baya ta karɓi takardar ta shiga aji da ita nan take. Wani wurin kuwa shugaba ya ce ba ya karɓar komai sai da hatimin ofis, ya bar ta a tsaye. Wani matashin malami ya ɗauko koren littafin yana yi mata gardama da shi, yana buga shafin da yatsa, wai Dakta guda ne ya rubuta, ita wace ce. Ta ce ya ɗauko ƙamus. Ya ce makarantar ba ta da shi. Ta ji kamar ta fasa ihu, ta ajiye masa kwafi goma a tebur ta fita.

A wata makaranta can bayan gari ta samu wani dattijon malami, gilashinsa ɗaure da zare. Ya karanta takardar ya sauke ajiyar zuciya. Ya ce tun ranar da littafin ya zo ya ga abin, amma da ya ga daga ofis ne, da gabatarwar darakta, sai ya ɗauka Turancin ne ya canja shi bai sani ba. Mako uku yana koyar da abin da ya san ba daidai ba ne, yana jin kunyar tambaya. Maigidan ya yi dariya da ta ba shi labari a hanya. Ita ba ta yi ba.

Makarantu ashirin da uku suka samu kaiwa. Tara suka gagara, wasu don nisa, wasu don an riga an yi musu waya kar su saurare ta.

Takardar ta isa teburin darakta a mako na uku, ba ta san ta hannun wa ba. Bayan kwana biyu sanarwa ta fito daga ofis cewa a dakatar da amfani da littafin saboda kuskuren maɗaba'a. Layi uku ce, babu sunanta, babu maganar wanda ya rubuta me. Ta isa wasu makarantun ana saura kwana goma jarrabawa, wasu kuma bayan an gama. Kwamiti ya zauna, aka tsallake sunan Auta a wannan shekarar. Ba a kore shi ba, ba a sauke shi ba, kujerarsa tana nan.

Wata rana direban Auta ya kawo jaka ya ajiye a shagon maigidan ya tafi ba tare da ya kashe mota ba. Littattafai bakwai ne a ciki. Na shida babu, na tara babu. Ta aika a tambaya, aka ce abin da aka gani ke nan.

Iya kuwa ta daina amsa mata gaisuwa sai da ka. Malama ba ta fasa zuwa ba. Duk Juma'a za ta je ta durƙusa, ta share ɗakin, ta jera magungunan tsohuwar na mako, ta tashi. Matan dangi suka rabu biyu, masu cewa ta yi daidai a ɓoye, da masu cewa a fili wai boko ya hau mata kai, ta zaɓi takarda ta bar zumunci. Abokan aikinta suka ce ta kai ƙara kotu, tana da rubutun hannunta shaida. Ta yi tunanin abin sosai, har ta je ta ga wani lauya sau ɗaya. Da ta dawo ta ga maigidan zaune a shago ya riƙe sukudireba bai kwance komai ba, sai ta bar maganar. Ba don ta huce ba.

Ƙarshen zango takardar canjin wurin aiki ta zo. An mayar da ita wata makaranta a can ƙarshen yankin, wai bisa buƙatar aiki. Ba Auta ne ya sa hannu ba, wani ne a ƙasa da shi. Shugaba ta miƙa mata takardar tana kallon taga. Shekara ashirin da huɗu, ta kwashe kayanta a kwali ɗaya.

Sabuwar makarantar tafiyar minti hamsin ce a babur, rabin hanyar babu kwalta. Mota ba ta zuwa sai ta cika, don haka maigidan ya mayar da buɗe shagonsa ƙarfe tara, yana kai ta kullum da safe. Wasu masu kawo gyara suka gaji da jira suka koma wani wurin. Bai taɓa yi mata maganar ba.

Wata safiya a mako na biyar sarƙar babur ta zame a tsakiyar hanya, wajen wata gada. Ta sauka ta tsaya a gefe da jakarta, shi ya tsuguna yana mayarwa. Yana cikin aikin, bai kalle ta ba, ya ce jiya ya ga Auta a bakin asibiti ya kawo Iya awon jini. Sun gaisa. Auta ya rame. Ya tambayi lafiyar matar yaya.



Maigidan ya juya tayar da hannu, sarƙar ta hau. Ya ce shi ba wai ya ce yaron ya kyauta ba ne, Allah ya sani. Amma Iya kullum ƙara tsufa take, kuma ba ya so ta tafi ta bar su haka. Ko akwai ranar da za ta iya zama wuri ɗaya da Auta?

"Ya zo ya faɗa da bakinsa, a gaban Iya, cewa littafin nan nawa ne," in ji ta. "Ya kawo biyun da ya riƙe. Kafin nan kar ka sake tambayata, don Allah. Ba na so in yi maka rashin kunya a kan titi."

Ya ce to. Ya tsinko ganye ya goge hannunsa, ya tayar da babur. Ta hau, ta gyara zaman jakar, ta ce ya ɗan ƙara wuta, darasin farko nata ne kuma yara saba'in da ɗaya ne a ajin, in ta makara minti biyar sai ta yi rabin awa kafin su yi shiru.